Fim ɗin da Sallau Ya Kawo

Sallau ya dawo daga karatu a Ingila
da ciwon gwiwa da faya-fayai uku.
Daren Laraba, bayan lisha, a shagona na Tudun Wadar Gusau,
muka ɗora talabijin bisa gwangwanin fenti,
janareta na tari a bakin ƙofa.

Fim ɗin ba rana a cikinsa.
Ruwa ake yi tun farko har ƙarshe.
Garin mahaƙa kwal ne, gidaje jere kamar haƙoran mataji,
an rufe rami, maza sun zauna gida
suna kallon tafin hannuwansu.
Akwai wani yaro mai zane, ɗan leburan ramin.
Masu kuɗin birni suka tsinto shi,
suka sa masa kwat, suka ba shi ɗaki mai farin bango,
suka ce, zana mana talaucinku, muna saye.
Ya zana ubansa da baƙin gawayi a fuska.
Suka tafa, kowa da kofi a hannu.
Can ƙarshe ya yayyaga cek ɗin a gabansu,
ya koma gida a ƙasa, cikin ruwa,
ya zana tutar yajin aiki kyauta.

Nan Sallau ya tsayar da hoton.
"Ka gani, Nomau? Haka marubutansu na ɓangaren talakawa ke faɗi:
mai zane ko dai na mutanensa ne, ko dillalinsu.
Babu tsaka-tsaki."
Na ce to.
Na ce a kashe fanka, mai ya kusa ƙarewa.

Bai dubi bangona ba, ko ya duba ya yi mini kara.
Fuskokin 'yan takara huɗu ne ke shan iska,
biyu ma kujera ɗaya suke nema.
Duk na rage musu tumbi, na ƙara musu hasken goshi.
Ɗaya ya biya rabi.
Ɗaya ya ce sai an rantsar da shi.

Ni ma ubana ya yi shekara sha tara a masaƙa.
Ranar da aka sa wa ƙofarta kwado
ya dawo da auduga maƙale a girarsa,
ya jingine keke, ya ce Inna ta dama fura.
Iyakar jawabinsa ke nan.
Jaɓɓi ɗan ƙanena yana cikin rami yanzu haka, wajen Anka,
yana bin zinari da tocila a baki,
ba ƙungiya, ba tuta, ba mai ɗaukar hoto.

Ga tambayar da na haɗiye, Sallau:
yaron nan, washegarin yage takardar,
me ya ci?
Fim ya tsaya a kan tuta,
sunaye suka hau sama, goge ya ɗauka.
Wanda ya rubuta labarin ya karɓi nasa cek,
kuma ban jin ya yaga.
Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo,
ruwan fim kuwa ba ya jiƙa tabarma.

Haka na ce wa kaina.
Amma barci ya ƙi.

Wajen ƙarfe uku na kunna aci-balbal,
na juya allon wanda bai biya ba,
na kankaro ragowar fenti daga gindin gwangwani,
koren wannan jam'iyya, jan waccan,
na cakuɗa har suka ba ni kalar fatar mutum.
Na manta hancinsa. Wallahi na manta.
Girar ce kawai ta zo,
da ɗan farin nan a kanta.

Da safe Kulu ta kawo mini koko,
ta tsaya, ta karkata kai.
"Baba, wannan kuma wace jam'iyya ce?"
Na ce ajiye kokon, zo ki riƙe mini allon,
kada ki taɓa, bai bushe ba.